Sergei Bodrov Ƙarami: Tambayoyi da Amsoshi Kan Jarumin Rasha da Ƙanƙara Ta Binne Yana da Shekara 30

Duk ranar 20 ga Satumba, ranar da ƙanƙara ta binne shi a kwazazzabon Karmadon da ke kudancin Rasha a 2002, hoton wani saurayi sanye da suwaita mai kaurin saƙa yakan cika shafukan sada zumunta na Rashawa. Sergei Bodrov ke nan. Shekara shida kacal ya yi yana tashe, daga 1996 zuwa 2002, amma har yau matasan da aka haifa bayan rasuwarsa suna haddace maganganunsa na cikin fim. Ga amsoshin tambayoyin da mai son sanin labarinsa ya fi yi.

Wane ne Sergei Bodrov, kuma me ya sa ake ce masa Ƙarami?

An haife shi a birnin Mosko ranar 27 ga Disamba, 1971, lokacin Tarayyar Sobiyet tana nan da ƙarfinta. Sunansa ɗaya da na mahaifinsa, Sergei Bodrov, wanda sanannen darakta ne kuma marubucin labarin fim. Don a bambance su ne ake ce wa uban Babba, ɗan kuma Ƙarami. Mahaifiyarsa masaniyar tarihin zane-zane ce, kuma ita ya fara gada kafin ya waiwayi sana'ar uban.

Ya yi makarantar koyon wasan kwaikwayo ne?

Ko kwana ɗaya bai yi ba. A 1989 ya shiga Jami'ar Mosko, sashen tarihi, ya karanci tarihin zane-zane. Yana ɗalibi ya je Italiya, birnin Venis ya shiga ransa, har ya riƙa aikin ceton masu wanka a bakin teku don ya sami kuɗin zagaya ƙasar. A 1998, lokacin da duk Rasha ta riga ta san fuskarsa, ya koma gaban malamai ya kare kundinsa a kan yadda masu zanen Venis na ƙarni na 15 da na 16 suke nuna gine-gine a cikin zanensu. Digirin da ya samu, a tsarin Rasha, shi ne kwatankwacin digirin digirgir.

Wannan yana da muhimmanci ga duk wanda yake son fahimtar mutumin. A hirarraki da dama ya sha nanata cewa shi bai ɗauki kansa ɗan wasa ba, domin wasa sana'a ce da ake koyo, shi kuwa bai koye ta ba. Ba ƙanƙan da kai na baki ba ne kawai. Idan ka kalli finafinansa za ka ga ba ya canza murya, ba ya canza tafiya, ba ya ƙoƙarin zama wani. Yana tsayawa gaban kyamara da fuskarsa ta kullum, da murmushin nan nasa mai kama da na yaro, sai darakta ya gina labari a kewaye da shi. Daraktan da ya san yadda zai yi da wannan baiwa ya ci riba. Wanda bai sani ba, sai fim ɗin ya fito salam.

To ta yaya ya faɗo harkar fim?

Ya ɗan leƙa a finafinan mahaifinsa tun cikin shekarun 1980, fitowa ta minti ɗaya ko biyu wadda ba wanda ya lura da ita. Abin ya soma da gaske ne lokacin da uban ya shirya tafiya Dagestan don ɗaukar Kavkazskiy Plennik, wato fursunan tsaunukan Kokasus. Ɗan ya roƙi a tafi da shi ko da ɗan aike ne. A ƙarshe shi aka ba matsayin Vanya Zhilin, sabon soja ɗan aikin dole, aka haɗa shi da Oleg Menshikov, wanda a lokacin yana cikin manyan jaruman Rasha.

Asalin labarin na Leo Tolstoy ne, ya rubuta shi a 1872, amma aka ɗauko shi aka dasa a zamanin yaƙin Chechniya na farko, wanda aka gwabza daga 1994 zuwa 1996. Ana ɗaukar fim ɗin, yaƙin yana ci a maƙwabta. Wani dattijo Musulmi mai suna Abdul-Murat ya kama sojojin Rasha biyu, ya ɗaure su da sarƙa ɗaya a ƙauyensa na kan dutse, yana so ya yi musayarsu da ɗansa da ke tsare a hannun Rashawa. Babban sojan gogagge ne, mai baki, mai kisa ba tare da ya waiwaya ba. Ƙaramin, wato Bodrov, bai taɓa harbin kowa ba. Yana gyara wa mutanen ƙauye agogo, yana sassaƙa wa Dina, 'yar dattijon, abin wasa. Mahaifiyarsa malamar makaranta ta taso tun daga garinsu ta zo ta zauna da Abdul-Murat ido da ido, uwa da uba kowa yana neman ɗansa.

Musayar ba ta yiwu ba. An kashe ɗan dattijon. Abdul-Murat ya tasa Vanya gaba zuwa bayan gari da bindiga, ya ce kada ya juyo, sannan ya harba sama ya kama hanyarsa. Vanya yana saukowa sai ya ga jirage masu saukar ungulu sun nufi ƙauyen da aka bar shi da ransa, yana ta ɗaga hannu yana ihu su tsaya.

A ganina wannan ne fim ɗinsa mafi kyau, ko da yake ba shi ne ya fi shahara ba. A lokacin da talabijin ke nuna mutanen tsaunuka a matsayin 'yan ta'adda kawai, wannan fim ya nuna su da gidajensu, da maƙabartarsu, da dattakonsu, da baƙin cikinsu. Ya fito a 1996, ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Karlovy Vary, ya shiga jerin biyar na ƙarshe a gasar Oscar ta finafinan ƙasashen waje. Bodrov da Menshikov suka raba kyautar gwarzon jarumi a bikin Kinotavr da ake yi a Sochi.

Amma ai da Brat aka fi saninsa. Mene ne labarin wannan fim?

Brat da Rashanci yana nufin ɗan'uwa. Aleksei Balabanov ne ya rubuta kuma ya ba da umarni, kamfanin CTB na Sergei Selyanov ya ɗauki nauyi, ya fito a 1997. Kuɗin da aka kashe ba su taka kara sun karya ba. Cikin kusan wata guda aka gama ɗauka, a titunan St. Petersburg da gidajen abokai, suwaitar da ta zama tambarin jarumin kuwa a gwanjo aka saye ta.

Danila Bagrov saurayi ne da aka sallamo daga soja. Duk wanda ya tambaye shi yaƙi sai ya ce shi akawu ne a hedikwata, bai ga komai ba. Mahaifiyarsa ta tura shi wurin yayansa Viktor a St. Petersburg, tana ganin can ne ɗanta na kirki ya zama babban mutum. Ashe yayan, wanda Viktor Sukhorukov ya fito a matsayinsa, kisa yake yi ana biyansa. Ya tura ƙanen aikin da shi kansa yake tsoro, daga baya ma ya sayar da shi ga abokan gaba. Nan mai kallo zai gane cewa maganar akawu ƙarya ce: yaron ya iya haɗa abin fashewa a kan teburin kicin, ya iya yanke bakin bindigar farauta ya cika harsashi da kawunan ƙusa.

Abin da ya riƙe fim ɗin shi ne, duk wannan aika-aika mai sanyin hali ne yake yin ta. Danila yana yawo da na'urar faifan CD a ƙugu, yana neman sabon faifan ƙungiyar mawaƙa ta Nautilus Pompilius shago-shago. Ya kare wani dattijo marar gida, Bajamushe, daga mai karɓar kuɗin ƙwace a kasuwa. Ya yi wa wani baƙo alkawarin ba za a taɓa shi ba, ya kuma cika, ko da yake cikawar ta ci rayukan mutum biyu. Da ya gama da maƙiyan, ya yafe wa yayan da ya ci amanarsa, ya ba shi kuɗi ya ce ya koma gida wurin tsohuwa. Dattijon Bajamushen nan kuwa ya ƙi karɓar kuɗinsa, matar da yake so ta zaɓi zama da mijinta mai dukanta a kan ta bi shi. Ya fita daga birnin shi kaɗai, ya tari babbar mota cikin dusar ƙanƙara ya nufi Mosko.

Me ya sa Rashawa suka rungumi mai kisa haka?

Sai an tuna halin da ƙasar take ciki. Tarayyar Sobiyet ta rushe a Disambar 1991. Cikin 'yan shekaru kuɗin ajiyar mutane ya zama takarda saboda hauhawar farashi, ma'aikata suna wata da watanni ba albashi, masana'antun gwamnati sun faɗa hannun mutane ƙalilan, 'yan daba suna karɓar haraji a kasuwa a gaban 'yan sanda. Samari suna dawowa daga Chechniya ba wanda ya ce musu sannu. Gidajen sinima da yawa sun koma wurin sayar da kujeru da motoci, saboda haka a kaset ɗin bidiyo Brat ya zagaya ƙasar, akasari ma na satar fasaha, daga hannu zuwa hannu.

A irin wannan zamani, mutumin da in ya ce zai yi to zai yi, wanda kuɗi ba su ruɗe shi ba, wanda ba ya barin nasa a baya, ya fi zinariya tsada. Mutane sun ga hakan a Danila, suka kau da kai daga gawarwakin. Fim ɗin kansa bai kau da kai ba, shi ya sa mutanen kirki biyu da ke cikinsa suka juya wa Danila baya a ƙarshe. Amma mai kallo da yake jin an tattake shi ba wannan darasin ya ɗauka ba, ya ɗauki yaron da ba ya tsoron kowa.

An nuna fim ɗin a bikin Cannes na 1997, ya kuma ci babbar kyautar Kinotavr, Bodrov ya sake zama gwarzon jarumi.

An ce akwai wariyar launin fata a finafinan nan. Gaskiya ne?

Gaskiya ne, kuma bai kamata a rufe wa mai karatu baƙar fata wannan ba. A fim na farko akwai inda Danila ya tsare wasu mutum biyu 'yan yankin Kokasus da suka ƙi biyan kuɗin mota, ya nuna musu bindiga, ya jefe su da zagin ƙabilanci, ya ce shi ba ɗan'uwansu ba ne. Akwai kuma inda ya ce ba ya son Yahudawa sosai. A Brat 2, wanda ya fito a 2000, abin ya ƙaru. Danila ya tafi Chikago don ƙwato wa wani ɗan wasan hoki na kan ƙanƙara haƙƙinsa daga wani attajiri Ba'amurke, bayan an kashe tagwayen ɗan wasan, wanda abokin Danila ne tun a soja. Baƙaƙen fatar Amurka da suka fito a fim ɗin, in ka cire wata 'yar jarida, kusan duk 'yan daba ne ko kawalai. 'Yan Yukren ma an mayar da su abin zagi da harbi. A 2015 hukumar finafinan Yukren ta hana nuna shi a ƙasar.

Masu kare Balabanov suna cewa madubi ya ɗaga: haka titin Rasha yake magana a lokacin, shi kuwa ya nuna ne bai yi wa'azi ba. Wannan hujja tana da ƙarfi a fim na farko, inda aka bar mai kallo ya ga ramin da ke cikin zuciyar Danila. A na biyu ba ta gamsar da ni ba. An shirya shi ne don a yi tafi, da kiɗan fitattun mawaƙan zamanin irin su Bi-2 da Zemfira, kuma a wuraren zagin ma tafin ake yi.

A fim na biyun ne Danila ya zauna gaban attajirin ya tambaye shi a ina ƙarfi yake, ya ce shi a ganinsa ba a kuɗi yake ba, a gaskiya yake, mai gaskiya shi ne mai ƙarfi. Wannan magana ta fita daga sinima ta shiga bakin 'yan siyasa. Bayan Rasha ta afka wa Yukren a 2022, an ga kalmomin a allunan talla na goyon bayan yaƙi, aka kuma mayar da finafinan biyu gidajen sinima a shekarar. Mutumin da ya furta su ya yi shekara ashirin a ƙarƙashin ƙanƙara a lokacin, ba wanda ya isa ya ce ga abin da zai faɗa. Abin da muke da shi a hannu shi ne, fim ɗin da ya fara fito da shi fim ne na ƙin yaƙi.

Halin Danila halin Bodrov ne?

A'a, kuma wannan ruɗani ya bi shi har ƙarshen rayuwarsa. Danila yaron ƙauye ne da bai yi karatu mai zurfi ba, wanda ya haɗu da Bafaranshe ya ɗauka Ba'amurke ne. Bodrov ɗan Mosko ne, ɗan gidan boko, ya yi makarantar da ake koyar da Faransanci sosai, ya rubuta kundi a kan masu zanen Italiya. Waɗanda suka yi aiki da shi suna kwatanta shi da mai kunya, mai sauraro fiye da magana. Samari kan tare shi a titi suna kiransa ɗan'uwa, suna jiran su ga Danila. Abin da suka haɗu a kai, shi da Danila, shi ne natsuwar nan da rashin iya yin fuska biyu, kuma ita ce Balabanov ya hango tun da ya gan shi a Sochi a 1996.

Ya yi aikin talabijin ma?

Ya yi. Daga 1996 zuwa 1999 yana cikin masu gabatar da Vzglyad a tashar ORT tare da Aleksandr Lyubimov, shirin da ya yi suna tun zamanin Gorbachev wajen taɓo abin da a da ba a taɓawa. A 2001 kuma ya gabatar da zangon farko na Posledniy Geroy, gasar da ake kai mutane tsibiri a ga wanda zai jure, wanda aka ɗauka a Panama.

Ya fito a finafinan ƙasashen waje?

Ya fito a biyu da ake tunawa. Na farko shi ne na Pawel Pawlikowski a 1998, inda ya zama matashi mai yawo da kyamara yana sayar wa kafofin labarai na Turawa hotuna. Bai yi tasiri ba. Na biyu, Est-Ouest na darakta Bafaranshe Régis Wargnier a 1999, ya fi nauyi. Labarin Rashawan da Stalin ya yaudara suka dawo gida daga hijira a 1946 ne. Bodrov ya fito a matsayin Sasha, gwanin ninkaya da ya faɗa teku ya yi iyo na sa'o'i zuwa wani jirgin ruwa don ya tsere. Ya yi wasa tare da Sandrine Bonnaire da Catherine Deneuve da Menshikov, fim ɗin kuma ya shiga takarar Oscar da sunan Faransa. Ke nan finafinai biyu da ya fito a ciki sun kai wannan mataki kafin ya cika shekara 29.

A 2002 ya fito a Voyna na Balabanov a matsayin Kyaftin Medvedev, hafsan da ya ji rauni yake kwance a ramin da 'yan tawayen Chechniya suka tsare shi, sai kuma wani fim na mahaifinsa inda ya zama dabbar beyar da ke rikiɗa mutum.

Da gaske ne ya koma ba da umarni?

Nan zuciyarsa take, kuma nan ne asarar ta fi ciwo. A 2001 ya fitar da Syostry, wato 'yan'uwa mata, wanda yana cikin waɗanda suka rubuta, shi kuma ya ba da umarni. Yara mata biyu ne, uwa ɗaya uba daban, ba sa ga maciji da juna. Uban ƙaramar ɗan daba ne da ya fito daga kurkuku, tsofaffin abokansa suna bin sa kuɗi, suka yi niyyar sace 'yarsa. Dole babbar, mai shekara 13, ta ja ƙanwar su shiga gudu. Duniyar Brat ce dai, da bindigoginta da motocinta, amma an juya kyamara ta kalli waɗanda ake takawa a wuce. Bodrov ya fito na 'yan mintuna kawai, a matsayin wani mai baƙar jif da ya ga yarinyar tana harbi a wurin wasa ya yaba.

Fim ɗin ya ci kyautar fim na farko mafi kyau a Kinotavr. Yarinyar da ya zaɓo, Oksana Akinshina, ba ta taɓa fim ba, shekara guda bayan haka ta ja hankalin duniya a fim ɗin Lukas Moodysson na Sweden, yau kuma tana cikin manyan jaruman Rasha. Ya kuma rubuta labarin fim daga gajerun labaran Mikhail Bulgakov a kan wani likitan ƙauye da allurar kashe zafi ta kama shi. Bai samu ya ɗauka ba. Balabanov ne ya ɗauke shi a 2008 da sunan Morfiy, don tunawa da abokinsa.

Me ya kai shi kwazazzabon Karmadon?

Fim ɗinsa na biyu, Svyaznoy. Shi ya rubuta, shi ne darakta, shi ne kuma babban jarumi. Wani ɓangare na labarin yana bukatar tsaunuka, sai tawagar ta sauka a Vladikavkaz, babban birnin Ossetiya ta Arewa, a kudancin Rasha. An haifa masa ɗa namiji a ƙarshen Agustan 2002, bai fi 'yan makonni da haihuwar ba ya kama hanya. Ranar Juma'a 20 ga Satumba suka hau kwarin kogin Genaldon, inda kwazazzabon Karmadon yake, da motoci da kayan aiki da dawaki, tare da mahaya na wata ƙungiyar wasan doki ta yankin. Sun yi aiki har haske ya ƙare. Wasu ƙalilan sun riga sun sauka gari, sauran suna haɗa kaya ko suna kan hanya.

Mene ne ainihin abin da ya faru a daren?

A ƙwanƙolin tsaunuka masu tsayi sosai, dusar ƙanƙara ba ta narkewa duka. Ta bana tana hawa kan ta bara, shekara ɗaruruwa, har nauyi ya matse ta ta zama daskararren kogi mai kaurin gaske, wanda yake gangarowa a hankali. Irin wannan kogin ƙanƙara ne Kolka, yana kwance a gindin tsaunin Dzhimarai-Khokh mai tsayin mita 4,780, kusa da tsaunin Kazbek.

Makonni kafin ranar, duwatsu da ƙanƙara suna ta ɓallowa daga jikin tsaunin suna zuba a kan Kolka. Da misalin ƙarfe 8 na dare, kusan dukan kogin ƙanƙarar ya tsinke daga makwancinsa. Abin da ya taho ya haura mita kubik miliyan 100 na ƙanƙara da dutse da laka, yana gudun da ya wuce kilomita 150 a sa'a. Cikin 'yan mintuna ya shafe kusan kilomita 19, ya zo ya toshe a wata matsattsar ƙofar dutse da ake kira Ƙofar Karmadon. Ƙanƙarar ta tsaya nan ta taru, a wasu wurare kaurinta ya wuce mita 100, laka da ruwa kuma suka wuce gaba wasu kilomitoci. Ƙauyen Nizhniy Karmadon ya shafe, da wuraren hutawa na bakin kogi. Ruwan da aka tare ya taru ya zama tafki a kusa da ƙauyen Saniba.

Mutum 125 aka lissafa sun halaka. Gawa 19 kawai aka samu, 106 har yau suna cikin jerin waɗanda suka ɓace. Bodrov da mutum fiye da 20 na tawagarsa suna cikinsu. Wanda ke cikin kwarin a wannan lokaci, cikin duhu, ba shi da inda zai gudu.

Masana sun yi ta bincike a kan abin da ya tsinke shi. Sun ambaci nauyin abin da ya zubo daga sama, da ruwan da ya taru a ƙarƙashin ƙanƙarar ya mayar da makwancin santsi, da zafi da iskar gas da ke fitowa daga ƙasa, domin Kazbek tsohon dutse ne mai aman wuta.

Ba a san wurin yana da haɗari ba?

An sani. A Yulin 1902 Kolka ya taɓa ɓallowa ya kashe mutane fiye da 30 a wurin wankan ruwan zafi da ke kwarin. A 1969 ya sake motsawa, amma a hankali, ya yi 'yan kilomitoci ya tsaya. Daga waɗannan shekaru aka yi hasashen cewa sai bayan shekara sittin zuwa saba'in yake tashi, saboda haka ba a sa ran komai ba kafin wajen 2030. Ga shi kuma bayan rushewar Sobiyet aikin sa ido a kan tsaunukan ya yi rauni saboda rashin kuɗi. Tsofaffin Ossetiyawa sun gina ƙauyukansu a can saman gangare, nesa da bakin kogi. Gine-ginen da aka yi daga baya a ƙasan kwarin su ne suka tafi.

An neme su kuwa?

Hukumar agajin gaggawa ta yi nata ta janye, tana cewa babu alamar mai rai. Iyalai suka ƙi tafiya. Akwai wata hanyar mota da aka huda ta cikin dutse a bakin kwazazzabon, sai fata ya koma can: wataƙila motocin tawagar sun shige ramin kafin ƙanƙarar ta iso. Iyaye da 'yan'uwa da masu sa kai suka kafa sansani a kan ƙanƙarar, suka zauna cikin sanyin hunturu biyu, suna haƙa da kuɗin taimako. Sun huda rijiya 19 ba su dace ba. Ta 20, mai zurfin kusan mita 69, ita ta faɗa cikin ramin. Masu nutso suka shiga, suka tarar laka ta cika shi, babu mota, babu mutum. A Mayun 2004 aka tsayar da nema.

Duk lokacin da na karanta wannan ɓangare, iyayen nake tunawa fiye da jarumin. Yawancin waɗanda suka kwana a tantunan nan ba don tauraro suka zo ba. Ɗansu direba ne, ko mai riƙe fitila, ko mai kula da doki, ko makiyayin da dare ya riske shi a kwari.

Wasu na cewa yana raye. Akwai ƙamshin gaskiya?

Babu. Inda ba a ga gawa ba, jita-jita ba ta mutuwa, kuma jaridun neman kasuwa sun sha tayar da ita. An taɓa samun ƙasusuwa a yankin bayan wasu shekaru aka yi ta yayatawa, bincike ya nuna ba nasa ba ne.

Da wane fim ya kamata in fara?

Fara da Kavkazskiy Plennik, sannan Brat, sannan Syostry. A jere haka za ka ga yaron da aka tura yaƙi, da abin da yaƙi ya mayar da irinsa, da kuma yadda shi Bodrov ya kalli wannan duniya da aka ba shi kyamara a hannu. Brat 2 ka bar shi ƙarshe, ka kalle shi da sanin abin da aka faɗa a sama. Dukansu akwai harbi da zubar da jini, Brat da Brat 2 kuma suna da wuraren da ba su dace a kalla da yara ba.

Ya bar iyali? Ina kabarinsa?

Ya bar mata da 'ya'ya biyu. Babbar, Olga Bodrova, an haife ta a 1998, ta yi makarantar fim ta Mosko, yanzu jaruma ce a dandamali da talabijin. Ƙaramin bai cika wata ɗaya a duniya ba ranar da abin ya faru. Mahaifinsa ya ci gaba da aiki, fim ɗinsa Mongol na 2007 a kan Genghis Khan ya shiga takarar Oscar. Balabanov ya rasu a Mayun 2013 yana da shekara 54.

Kabari kuwa babu. Ba a yi masa sutura ba, ba a kai shi makwanci ba, shi da sauran mutum 105. A bakin kwazazzabon an kafa alluna da aka zana sunayensu, can iyalai suke taruwa da furanni duk 20 ga Satumba. Ƙanƙarar da ta cika kwarin ta yi shekaru tana narkewa, ta bar tsakuwa da laka, ciyawa da ƙananan itatuwa sun fito a kai. A can sama kuma, a gindin Dzhimarai-Khokh, Kolka ya soma taruwa a makwancinsa na da, masana suna auna shi.